Mustafa Alhassan na Nijar: Rayuwarsa da Salonsa a Fagen Gajeren Fim

1.0 Gabatarwa

In ana zancen tarihin fim a ƙasar Hausa, yawancin manazarta sukan fara ne da majigin Turawa, su biyo ta kan Shaihu Umar na Adamu Halilu wanda ya fito a 1976, sa'an nan su sauka a kan Turmin Danya na 1990, wanda ake ɗauka shi ne mafarin finafinan bidiyo na Kano. Wannan lissafi daidai ne in a cikin Nijeriya aka tsaya. Amma fa ƙasar Hausa ba a Jibiya ko Illela ko Maigatari ta ƙare ba. A hayin iyaka, tun shekara 14 kafin Shaihu Umar, akwai wani saurayi a Yamai da ya riga ya ɗauki na'ura yana shirya finafinai, waɗansunsu ma da sunayen Hausa, kamar Aure da Kokowa. Wannan mutum shi ne Mustafa Alhassan, wanda a rubutun Faransanci ake rubuta sunansa Moustapha Alassane.

Manufar wannan maƙala ita ce a gabatar da shi ga malamai da ɗaliban Hausa, a bi sawun rayuwarsa a taƙaice, a rarrabe ayyukansa, sa'an nan a dubi salonsa da irin ma'aunin da muka saba auna adabin baka da shi. Dalilin yin haka kuwa shi ne, tambayar da ya shekara fiye da 40 yana amsawa da hannunsa, ita ce har yau take gabanmu: ta yaya tatsuniya za ta tashi daga bakin mai ba da ita ta koma hoto, ba tare da ta rasa gishirinta ba?

2.0 Ma'anar Gajeren Fim da Mai Zaman Kansa

Gajeren fim shi ne wanda tsawonsa bai kai na fim ɗin da ake nunawa a gidan silima a matsayin babban wasan dare ba. Yakan kama daga minti ɗaya ko biyu har zuwa wajen minti 40. Kada a ɗauka dogon fim ne aka datse. Matsayinsa ga dogon fim kamar matsayin gajeren labari ne ga ƙagaggen littafi, ko na karin magana ga huɗuba: jigo ɗaya, taurari kaɗan, ba ratse, ba kwana-kwana.

Mai shirya fim mai zaman kansa kuwa shi ne wanda ba ya ƙarƙashin wani babban kamfani da zai zaɓa masa labari, ya ba shi jari, ya kuma sayar masa. Shi ke neman labarinsa, ya nemi kuɗinsa, sau da yawa ma shi ke ɗaukar hoto, ya haɗa, ya kai wa masu kallo. Ribar wannan hali ita ce 'yanci, hasararsa kuwa ita ce ƙarancin abin hannu. Duk wanda zai fahimci salon Mustafa Alhassan, to, dole ya riƙe waɗannan abubuwa biyu tare, domin daga tsakaninsu salon ya tsiro.

3.0 Taƙaitaccen Tarihinsa

An haifi Mustafa Alhassan a 1942, ya kuma tashi a ƙasar Nijar tun tana hannun Faransa. Tun yana yaro, kafin ya san silima, ya shahara a cikin tsararrakinsa da wasan inuwa: ya yanka siffofin mutane da dabbobi, ya sa fitila a bayansu, inuwarsu ta faɗa a kan ƙyalle, yana motsa su yana ba da labari. Sana'ar da ya fara koya ita ce kanikanci, kuma wannan sana'a ba ta rabu da shi ba har ƙarshen rayuwarsa, don ita ta ba shi ikon kwance na'ura ya ɗaura, ko ya ƙera abin da babu shi a kasuwa.

A Yamai ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen nan masanin al'adu kuma mai shirya fim, wanda ya daɗe yana aiki a cikin Zabarmawa da Sonƙai, a cibiyar binciken al'adu ta birnin. A nan ya koyi sarrafa na'urar ɗaukar fim mai faɗin milimita 16. Ta wannan hanya kuma ya sami zuwa Kanada, Hukumar Fim ta ƙasar, inda ya ga aikin Norman McLaren, gwanin zane mai motsi wanda ya yi suna wajen yin zane a jikin faifan fim kansa.

Ya kamata a lura da lokacin da ya fito. Tun 1934 akwai dokar Faransa, wadda aka sani da dokar Laval, da ta hana kowa ɗaukar fim a ƙasashen da Faransa ke mulka a Afirka sai da izinin hukuma. Abin da ya biyo baya shi ne, 'yan ƙasa ba su sami hanyar ɗaukar kansu da kansu ba. Har ma fim ɗin da Paulin Vieyra da abokansa suka yi a 1955, a Faris suka yi shi. Nijar ta sami mulkin kai a 1960. Bayan shekara biyu, a 1962, Mustafa ya fitar da Aouré, wato Aure, shekara ɗaya ke nan kafin Borom Sarret na Usman Sembene na Senigal. Saboda haka yana cikin sahun farko na baƙaƙen Afirka da suka shirya fim a kan ƙasarsu ta haihuwa.

Daga baya ya shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai na tsawon shekara 15. Sa'an nan ya koma Tawa, a ƙasar Adar, ya buɗe masauƙin baƙi, ya mai da wani sashe nasa ɗakin aiki. A can ya ci gaba da ƙera 'yan tsana da zane, har ya koyi aiki da kwamfuta da furfurarsa. A 2007 Faransa ta ba shi lambar girma a bikin finafinai na Kan. Ya rasu a Wagadugu ranar 17 ga Maris, 2015. A 2017 gidan adana fasahar zamani na birnin Niyok ya shirya nunin ayyukansa na musamman.

4.0 Rabe-raben Ayyukansa

Ana iya kasa finafinansa kashi huɗu.

Kashi na farko shi ne na bayyana al'ada da rayuwa. A nan Aure yake, wanda ya bi matakan aure a wani ƙauyen Zabarmawa na bakin Kwara, tun daga haɗuwar saurayi da budurwa har zuwa biki. Ba ɗaukar biki kawai ya yi ba yadda ya same shi. Ya sa mutanen gari ne suka kwaikwayi al'adarsu, aka ɗaura ta a kan labarin mutum biyu. A wannan kashi kuma akwai wanda ya yi a kan noman gyaɗa, da wanda ya yi a kan Malbaza, garin masana'antar siminti.

Kashi na biyu shi ne na tatsuniya da hikaya da mutane suka taka. Misalansu su ne La Bague du roi Koda, wato Zoben Sarki Koda, na 1962, da Deela, wanda ya yi wajen 1970 tare da Albarka Cibau, shahararren mai ba da labari Bahaushe. Dogon fim ɗinsa Toula, wanda ya yi da Bajamushiya Anna Soehring daga labarin Bubu Hama a lokacin farin nan na farkon shekarun 1970, shi ma nan ya faɗo.

Kashi na uku shi ne na zane da 'yan tsana masu motsi, wanda da shi aka fi saninsa a duniya. Akwai La Mort de Gandji, wato Mutuwar Ganji, wanda ya sami lambar yabo a bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966. Da Bon voyage Sim, wato Sauka Lafiya Sim, na 1966. Da Samba le grand, wato Samba Babba, na 1977. Da Kokoa, wato Kokowa, na 1985, wanda ya sake waiwaya a 2001.

Kashi na huɗu shi ne na zambo ga zamani. Fitaccensu shi ne Le Retour d'un aventurier, wato Dawowar Ɗan Yawon Duniya, na 1966, mai tsawon minti 34. Sai kuma dogon fim ɗinsa na 1972, F.V.V.A., wanda haruffansa ke nufin mace da gida da mota da kuɗi, abubuwa huɗu da sabon ma'aikaci ya ɗauka su ne cikar mutum.

5.0 Salonsa

5.1 Tatsuniya a Matsayin Tushe

Abu na farko da mai nazarin adabin baka zai lura da shi shi ne, zubin finafinansa zubin tatsuniya ne. Akwai mai ƙarfi, akwai marar ƙarfi, akwai gwaji, akwai sakamako. A Zoben Sarki Koda, azzalumin sarki ya ba wani masunci zobensa ajiya, da sharaɗin in bai mayar da shi ba a ranar da aka yanka, to, a bakin ransa. Sarki ya bi ta bayan gida ya sa aka sace zoben, aka jefa a kogi, amma masunci ya same shi a cikin kifin da ya kama. Duk Bahaushen da ya ji wannan zai tuna da labarin Ba Sarki Sai Allah, wanda Tremearne ya tattara a cikin labarun Hausawa da ya buga a 1913. Jigon ɗaya ne, wato ikon sarki yana da iyaka, kuma abin da Allah ya tsare ba mai halaka shi. Wannan ya nuna cewa taskar da Mustafa ke ɗiba daga ciki, taska ce ta tarayya tsakanin Zabarmawa da Hausawa da maƙwabtansu.

A Deela ya ƙara wani mataki. Maimakon ya ɗauke labarin daga bakin mai shi ya ba 'yan wasa kawai, sai ya bar Albarka a cikin fim ɗin, ana ganinsa yana ba da labari, sa'an nan hoto ya juya ga abin da yake faɗi, ya sake komowa gare shi. Hikimar wannan ita ce, rabin daɗin labarin baka a jikin mai ba da shi yake: muryarsa, da dakatawarsa, da motsin hannunsa, da yadda yake sauya fuska. Wanda ya rubuta tatsuniya a takarda yakan yi hasarar duk wannan. Mustafa ya gane cewa na'ura tana iya riƙe abin da alƙalami ya kasa.

5.2 Dabbobi da Habaici

A tatsuniyar Hausa, in ana son a faɗi maganar da ba ta faɗuwa a gaban manya, sai a sa ta a bakin Gizo ko kura ko zaki. Mustafa ya zaɓi kwaɗo. A Mutuwar Ganji, fadar sarkin kwaɗi ce da fadawanta. A Sauka Lafiya Sim, shugaban jamhuriyar kwaɗi ne ya tafi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa: ga jirgin sama, ga faretin soja, ga jawabai, ga dukkan ƙa'idojin tarbar baƙo na gwamnati, amma duk kwaɗi ne ke yi. Fim ɗin minti 5 ne kacal, kuma bai ambaci sunan kowa ba. A shekarar da ya fito, yawancin ƙasashen Afirka ta Yamma shekararsu 6 da samun mulkin kai, kuma ziyarce-ziyarcen shugabanni su ne suka cika labarun majigi da na rediyo. Mai kallo ba ya bukatar a fassara masa.

Wannan shi ne habaici a ma'anarsa ta asali: magana ce wadda mai ita ya san da shi ake, amma ba shi da hanyar kama mai yin ta. Zaɓen kwaɗo ma ba a banza ba ne. Dabba ce mai kumburi, mai yawan kuka, marar ƙaho, marar farce. In aka ɗora mata alkyabbar mulki, to, tazarar da ke tsakanin girman rigar da ƙanƙantar mai sanye da ita, ita kanta ta isa dariya. A nazarin waƙa mukan yi maganar mutuntarwa da dabbantarwa a matsayin dabaru biyu daban. A zanen Mustafa sun haɗu wuri ɗaya, domin an ba kwaɗo halin mutum ne don a nuna mutum da siffar kwaɗo.

A Kokowa kuwa dariyar ba ta da ɗaci. Fagen kokowar gargajiya ne, da makaɗa da 'yan kallo da kirari, amma 'yan kokowar kwaɗi ne da hawainiya da sauran ƙananan halittu. Kokowa ita ce babbar wasan ƙasa a Nijar, kuma gasar takobi ta ƙasa baki ɗaya a Tawa aka fara ta a 1975. Ke nan abin da mutanensa suka fi so ya ɗauka ya mayar musu a madubi.

5.3 Sutura da Kwaikwayo

Dawowar Ɗan Yawon Duniya labarin wani saurayi ne, Jimi, da ya komo ƙauyensu daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi: malafa da takalma da bindigogi. Ya raba wa abokansa, kowa ya yar da sunansa na yanka ya ɗauki sunan ɗan wasan silima. Abin da aka fara da wasa sai ya zama satar dawaki da shaye-shaye da caca da faɗa, har ya kai ga zubar da jini, dattawan gari suka rasa yadda za su yi da 'ya'yansu. A wannan fim ne Zalika Sule ta fara fitowa, wadda daga baya ta zama fitacciyar 'yar wasan Nijar, haka kuma Jingare Maiga, wanda shi ma ya zama mai shirya fim.

Masu sharhi na Turai sukan kira shi fim ɗin kaboyi na Afirka. Mu kuwa muna da abin da ya fi wannan kusa da za mu gwada shi da shi. A wasan kara na Damagaram, da wasan gauta na fada, da kalankuwar ƙauyukan ƙasar Kano bayan kaka, talaka yakan sa kayan mai mulki, ya ɗauki sunansa, ya kwaikwayi tafiyarsa da maganarsa, jama'a su yi dariya, in an tashi kowa ya tuɓe ya koma kansa. Sharaɗin wasan shi ne a san lokacin tuɓewa. Samarin Jimi sun sa kayan aro ne suka ƙi tuɓewa, wasa ya zama gaske. Jigon fim ɗin ke nan, kuma Bahaushe ya riga ya taƙaita shi da cewa kayan aro ba ya rufe katara. Abin sha'awa shi ne, da makamin silima ya soki abin da silima ke yi wa matasa, ba tare da ya hana mai kallo jin daɗin sukuwar dawaki ba.

5.4 Tsimi da Dabara

Fim yana tafiya ne da hoto 24 a kowace daƙiƙa. Fim na minti 5 ke nan hoto 7,200 ne. Ko da an ɗauki kowane zane sau biyu, kamar yadda aka saba, ana bukatar dubban ɗauka, kowace da hannu. Manyan kamfanoni ɗaruruwan ma'aikata suke sawa. Wanda yake shi kaɗai, dole ya nemi dabara. Dabarar Mustafa ita ce sauƙaƙa zane zuwa layi kaɗan, da barin bayan hoto fili, da dogara ga motsi mai maimaituwa. Gwaje-gwajensa na farko, na mai tuƙa kwalekwale da na mace mai daka, duk irin wannan motsi ne: taɓarya ta tashi ta sauka, zane kaɗan ya isa a yi ta juya shi. Haka faretin kwaɗi yake. Maimaici kuwa, kamar yadda muka sani, ginshiƙi ne a tatsuniya da waƙar baka, saboda haka abin da rashi ya tilasta masa ya dace da kunnen masu kallonsa.

A 'yan tsana ma haka ne. Da itace da waya da ƙyalle da abin da ya samu a kusa yake ƙera su, a motsa hannu ko ƙafa kaɗan, a ɗauki hoto ɗaya, a sake motsawa. Ba ya ɓoye ɗinki. Mai kallo yana ganin cewa hannun mutum ne ya yi, kamar yadda yake ganin sawun wuƙa a jikin ƙwarya. Daɗin daɗawa, ƙarancin magana a zanensa ya sa Bazabarme da Bahaushe da Buzu da Bafillace duk suna iya zama a tabarma ɗaya su fahimta.

6.0 Kai Fim ga Mutanen Karkara

Mutanen karkarar arewacin Kano, wajen su Kunci da Tsanyawa da Bichi, kamar sauran ƙauyukan Arewa, ta hanyar majigi aka fara sanin hoto mai motsi: motar hukuma ta zo, a kafa farin ƙyalle a fili, mai fassara ya riƙe lasifika, a nuna yadda ake noman zamani ko tsabta ko rangadin manya. Baban Larai irin wannan fim ne. Majigi muryar hukuma ce zuwa ga talaka. Silimar birni kuwa, irin su Rex da Palace a Kano, finafinan Indiya da na Amurka suka cika ta.

Mustafa ya bi hanya ta uku. Ya ɗora na'urarsa a mota ya riƙa zagaya garuruwan Nijar yana nuna fim a fili. Siffar ta majigi ce, amma abin da ke kan ƙyallen labarin mutanen ne da dariyarsu, har da dariyar da ake yi wa masu aiko da majigin. Wannan darasi ne ga duk mai tunanin cewa sai an sami gidan silima da babban jari kafin a yi fim ɗin da manomi zai kalla.

7.0 Matsaloli

Ba za a ce aikinsa ba shi da tawaya ba. Sauti a waɗansu finafinan ba shi da kyau, haɗin hotuna a wasu wuraren yana da gaggawa, kuma dogayen finafinansa ba su kai gajerun tsauri ba. Bayan wannan akwai matsalar da ta fi ƙarfinsa. A zamaninsa, finafinan ƙasashen da Faransa ta mulka galibi a Faris ake wanke su a haɗa su, da taimakon ma'aikatar haɗin gwiwa ta Faransa. Wannan ya sa sunayensu suka zama na Faransanci, fassararsu ta Faransanci, ajiyarsu kuma a can. Sakamakon haka shi ne, ɗalibin fim a Turai ya fi ɗalibin Hausa a Kano ko Zariya ko Sakkwato sauƙin ganin Deela, alhali harshensa ne Albarka yake yi.

8.0 Kammalawa

An nuna a wannan maƙala cewa Mustafa Alhassan ya gina salonsa a kan abubuwa huɗu: zubin tatsuniya, da habaici ta bakin dabbobi, da wasan kwaikwayon sutura, da tsimin kayan aiki. Duka huɗun kuwa abubuwa ne da manazarcin adabin Hausa yake da ma'auninsu a hannu.

Saura aiki ya rage ga sassan koyar da Hausa na jami'o'inmu. Na farko, a nemi kwafin waɗannan finafinai ta hanyar takwarorinmu na Yamai, a sa su cikin abin da ake nazari. Na biyu, a rubuta maganar Albarka Cibau da ke cikin Deela da ƙa'idar rubutun Hausa, a nazarci karin harshenta da salon ba da labarinta. Na uku, a gwada Zoben Sarki Koda da ire-irensa na Hausa da aka tattara, a ga abin da hoto ya ƙara da abin da ya rage. In an yi haka, tarihin fim a ƙasar Hausa zai fara daga inda ya kamata ya fara, kuma matasanmu masu zane a kwamfuta za su san cewa gonar da suke shiga, wani ya riga ya yi mata saran farko tun 1962.